KWAƊON MAKARONI IRIN NA ITALIYA: ABINCIN TARO DAGA LAMBUNMU

Kowa ya bi ta kasuwar Sabon Tasha ko kasuwar Litinin ta Kakuri tsakanin watan Janairu da na Maris, ya san yadda kayan lambu suke zube a wannan lokaci. Ga tumatir kwando kwando, ga karas, ga kabeji, ga albasa da kokwamba, masu saye kuwa suna taya yadda suka ga dama, gama sun sani manomi ba zai iya komawa gida da kayansa ba. Abin da bai shiga ba yau, jibi ya ruɓe.

A cikin waɗannan watanni kuma ba a rasa taro. Ƙungiya za ta zauna a yi lissafin shekara, zumuntar mata za ta karɓi baƙi, wannan yana sunan ɗa, wancan yana sallamar ɗansa zuwa makaranta. Sai a dafa shinkafa, a yi salak ɗan kaɗan a gefe, a lulluɓe shi da bama da waken gwangwani da aka sayo a kanti da tsada. Kuɗin taron sun tafi kanti ke nan, kayan lambun 'yan ƙungiya kuwa suna lalacewa a bakin rafi.

Akwai wani abincin mutanen Italiya da ya dace da irin wannan taro, wanda yawancin kayansa muna da su a lambu. Su sukan dafa makaroni, su bar shi ya huce, su gauraya shi da ɗanyun kayan lambu da mai da abu mai tsami, su ci da sanyinsa. A nan za mu kira shi kwaɗon makaroni, domin ɗan'uwan kwaɗonmu ne na zogale da rama. Ba shi da wuyar yi. Amma akwai ka'idodin tsabta da na lokaci da tilas a kiyaye, in ba haka ba abincin murna ya zama na kuka.

Asalin abincin

Italiya ƙasa ce a kudancin Turai, a bakin Bahar Rum, tana fuskantar Tunisiya da Libiya. Mutanenta sun daɗe suna yin taliya. Wani masanin ƙasashe Balarabe mai suna Idrisi ya rubuta a shekara ta 1154 cewa a garin Tirabiya na tsibirin Sisili ana yin busasshiyar taliya da yawa, har ana kai ta ƙasashe a cikin jiragen ruwa. Tumatir kuwa baƙo ne a wurinsu kamar yadda yake a wurinmu. Daga nahiyar Amurka aka kawo shi, ya isa Italiya a ƙarni na 16.

Lokacin zafi a can shi ne Yuli da Agusta. A ran 15 ga Agusta suna da babban hutu da suke kira Feragosto, iyalai su fita bakin teku ko kan duwatsu da abincinsu a kwano. Makaroni mai sanyi yana cikin abin da sukan ɗauka. Sukan sa masa tumatir, da 'ya'yan zaitun, da cuku mai laushi, da kifin gwangwani, da wani ganye mai ƙanshi ɗan'uwan ɗoɗɗoya, sa'an nan su zuba man zaitun.

Mu ma taliya ba baƙuwa ba ce. Tun kafin a kafa kamfanonin makaroni a Nijeriya, matan Kano suna murza taliyar alkama a gida, a shanya ta, a ci da mai da yaji ko da wake. Kwaɗo kuwa babu gidan da bai san shi ba. Abin da Italiyawa suka yi shi ne haɗa waɗannan biyu a kwano ɗaya. Saboda haka kada wani ya ce wannan abincin masu kuɗi ne. Kowane abu na cikinsa muna da madadinsa. A maimakon man zaitun, ga man gyaɗa. A maimakon cukunsu, ga awara ta waken suya. A maimakon ganyensu, ga ɗoɗɗoya a bayan ɗaki. Busasshen tumatir ma da suke ji da shi, kauɗarmu ce.

Irin makaronin da ya dace

A sayi gajeren makaroni, mai lanƙwasa ko mai murɗe ko mai kamar bututu. Irin waɗannan suna riƙe mai a cikin lungunansu, kuma ana cinsu da cokali ba wahala. Doguwar taliya takan dunƙule in ta huce. Taliyar murji ta gida tana da daɗi da zafinta, amma takan caɓe in aka gauraya ta da kaya masu ruwa. Dalili kuwa shi ne alkamar. Busasshen makaroni mai kyau da garin alkama mai tauri ake yinsa, irin da ake kira durum. A Italiya ma doka ce ta shekara ta 1967 ta ce da ita za a yi shi. Alkamar da ake nomawa a Kadawa da sauran wuraren ban ruwa na Kano yawancinta ta burodi ce da gurasa, ba ta kai wancan tauri ba.

Kayan da ake bukata domin mutum 10

Makaroni leda ɗaya mai giram 500
Tumatir 6 masu tauri, waɗanda suka nuna amma ba su yi laushi ba
Kokwamba 2
Karas 3
Koren tattasai 2
Albasa babba 1
Koren wake tafi ɗaya, in akwai
Dafaffen wake gwangwanin madara 2, ko soyayyar awara gwargwadon haka
Man gyaɗa babban cokali 6
Ruwan lemon tsami babban cokali 3
Tafarnuwa ɗiya 2
Ɗoɗɗoya ganye kamar 10
Gishiri, da ɗan masoro, da ɗan yaji ga masu so

In taron na mutum 50 ne, sai a ninka kowane abu sau 5. Wannan awo na lokacin da akwai wani abinci a gefe ne, kamar shinkafa ko nama. In kuwa kwaɗon ne kaɗai za a ci, leda ɗaya ba za ta wuce mutum 6 ba.

Yadda ake yi

1. A fara da mai, domin yana bukatar ya huce. Man gyaɗa na masu ƙuli yana da gafi in ɗanye ne. A ɗora shi a wuta da 'yar albasa har ta yi ja, a sauke, a tsame albasar, a bar shi ya yi sanyi sarai. Kada a yi amfani da manja, gama yakan daskare a jikin makaroni mai sanyi.

2. A daka tafarnuwa da gishiri rabin ƙaramin cokali da masoro. A zuba a kwalba mai murfi wadda aka wanke da ruwan zafi, a ƙara ruwan lemon tsami da man nan, a rufe, a girgiza har su haɗu su yi kauri. Wanda ba shi da lemon tsami ya sa ruwan khal, wato binega ta kanti. Ka'idar ita ce mai kashi 2, tsami kashi 1.

3. A yanka albasa siriri, a matse mata rabin lemon tsami, a ajiye ta minti 15. Wannan yakan rage mata yaji da wari.

4. A kankare karas, a yanka ƙanana, a yanka koren wake. A jefa su a tafasasshen ruwa minti 2 ko 3, a tsame. Za su yi taushi kaɗan, launinsu ya fito.

5. A raba tumatir biyu, a cire 'ya'yan da ruwan ciki, a yanka ƙanana. A fere kokwamba, a cire 'ya'yanta ita ma. Ruwan nan ne yake sa kwaɗo ya yi tsululu. Kada a zubar da shi, a sa a miya. A yanka tattasai. Kowane abu ya zama kamar girman makaronin, domin cokali ɗaya ya ɗebo duka.

6. A ɗora ruwa mai yawa a babbar tukunya. Italiyawa sukan sa lita ɗaya ga kowane giram 100, watau lita 5 ga leda ɗaya. In ya tafasa a zuba gishiri babban cokali 2, sa'an nan a zuba makaroni, a motsa domin kada ya kama. Gishirin nan yana da muhimmanci, gama makaronin da bai sha gishiri a tukunya ba, ko an barbaɗa masa daga baya lami zai zama. A dafa daidai mintin da aka rubuta a jikin leda. A ɗanɗana. Ya dahu har ciki, amma da ɗan sauran ƙarfi a haƙori.

7. A tsane shi a gwagwa. A zuba masa sulusin haɗin man nan tun yana da zafi, a juya, a baza shi a babban faranti, a rufe da tsabtataccen mayafi mai shara-shara saboda ƙuda. Cikin minti 20 ko 30 zai huce. Da ɗuminsa ne yake shan ɗanɗano, man kuma ya hana shi mannewa.

8. In ya huce sai a juye a babban kwano, a zuba kayan lambu da wake ko awara da sauran haɗin mai, a gauraya da cokali. A yayyaga ɗoɗɗoya a kai. A ɗanɗana, gama abinci mai sanyi yakan nemi ƙarin gishiri da tsami. Ido ba mudu ba ne, amma ya san kima.

Mata da yawa sun saba su ɗauraye makaroni da ruwan sanyi da zarar sun sauke shi. A nan sai a yi hankali. Makaronin da ya fito daga tafasasshen ruwa tsabtatacce ne. In aka zuba masa ruwan rijiya ko na 'yan garuwa wanda ba a tafasa ba, an mayar masa da ƙwayoyin cutar da wuta ta kashe, ba za a sake ɗora shi a wuta ba kuma. In lalle sai an ɗauraye, to, da ruwan sha za a yi.

Latas ba ya shiga cikin kwano, domin tsami yakan sa shi ya yanƙwane nan da nan. In ana so, a shimfiɗa shi a faranti lokacin rabo. Wanda yake da hali yana iya ƙara dafaffen ƙwai, ko kifin gwangwani, ko naman kaza da aka zare. Da damina, sa'ad da tumatir ya yi tsada, a jiƙa kauɗa mai tsabta a tafasasshen ruwa minti 10, a matse, a yanka. Ɗanɗanonta ya fi na ɗanye ƙarfi, kaɗan ma ta isa.

Wankin kayan lambu

Tuwo da miya sun sha wuta, saboda haka ko akwai ɗan sakaci wutar takan rufa asiri. Kwaɗo ba haka yake ba. Abin da yake jikin tumatir shi zai shiga cikin mai ci. A shekara ta 2021 cutar kwalara ta kama mutum fiye da 100,000 a Nijeriya, ta kashe fiye da 3,000, yawancinsu a jihohin arewa. Ta ruwa da abincin da ƙazanta ta taɓa take yaɗuwa. Haka zazzaɓin taifot da atuni da tsutsar ciki.

Mai haɗawa ta wanke hannu da sabulu kafin ta fara, da kuma bayan ta fito daga bayi ko ta gyara jariri. Wadda take fama da gudawa, ko take da gyambo a hannu, a ba ta wani aiki a ranar. A wanke kayan lambu tun ba a yanka ba, ɗaya bayan ɗaya, ana cuɗawa da hannu, a sauya ruwa sau 2 ko 3. Ruwan ƙarshe ya zama wanda aka tafasa ya huce, ko wanda aka sa wa maganin tsabtace ruwan sha bisa ga awon da ke jikin kwalbarsa. Gishiri da lemon tsami suna taimako, amma ba su kashe ƙwayoyin cuta duka. Abin da za a iya ferewa a fere. Wuƙa da katakon da aka yanka ɗanyen nama ko kaza da su, kada su taɓa kayan kwaɗo sai an wanke su da sabulu da ruwan zafi.

Batun lokaci

Wannan shi ne wurin da aka fi yin kuskure. Akwai wata ƙwayar cuta da masana suke kira Bacillus cereus, wadda take cikin ƙasa da ƙura, takan kuma kasance a cikin hatsi da makaroni. Tana da iri mai tauri wanda dahuwa ba ta kashe shi. In dafaffen abinci ya huce aka bar shi a ɗaki, sai irin ya farka, ya hayayyafa, ya zuba dafi. Dafin nan kuwa ko an sake ɗumama abincin ba ya mutuwa.

A watan Agusta na shekara ta 2003, a ƙasar Beljiyam, wani gida suka yi kwaɗon makaroni ran Jumma'a, suka tafi da shi yawon shan iska ran Asabar, suka sa sauran a firji har ran Litinin da dare, sa'an nan aka ba yara. 'Ya'ya 5 suka kamu da ciwo, ƙaramarsu mai shekara 7 ta rasu. Da aka bincika sai aka tarar firjin ba ya sanyi sosai, yana kan digiri 14 ne. In wannan ya faru a ƙasa mai sanyi, a gida mai firji, yaya ke nan a Narayi ko Unguwar Romi a watan Maris, sa'ad da zafi yakan wuce digiri 35, wutar lantarki kuwa ta zo ta tafi?

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada dafaffen abinci ya wuce awa 2 a ajiye a ɗaki. Ko dai ya zauna da zafinsa sama da digiri 60, ko da sanyinsa ƙasa da digiri 5. A ranar da zafi ya tsananta, awa ɗaya ce ta fi kwanciyar rai. Ga abin da wannan yake nufi a wurinmu:

A yi kwaɗon a ranar taro. Kada a dafa makaroni da dare domin gobe.

A lissafa lokaci daga sa'ad da za a ci, ba daga sa'ad da za a buɗe taro ba. Mun san taronmu. Wanda aka ce za a tashi ƙarfe 1 yakan kai ƙarfe 4. A wanke kaya, a shirya haɗin mai tun da safe, amma kada a ɗora tukunya sai an ga taro ya kusa ƙarewa.

In tilas ne ya jira, ko za a kai shi nesa kamar Kujama ko Kakau, a sayi ƙanƙara, a sa a ƙasan kula, a ɗora kwanon a rufe a kai. A riƙa ɗebowa kaɗan kaɗan, sauran yana cikin sanyi.

A ajiye tebur a inuwa, a rufe kwano, mutum ɗaya ya riƙa rabawa da ludayi.

Abin da ya ragu bayan ya daɗe a waje, kada a ƙulla wa yara a leda su kai gida. Zubar da abinci yana da zafi a rai, amma kuɗin asibiti sun fi shi zafi. Hanci ba abin dogara ba ne, gama abinci yana iya ɗauke da dafi bai canza wari ba.

Rashin bama bai sa kwaɗon ya zama wanda ba ya lalacewa ba. Makaronin da waken da ƙwan su ne abincin ƙwayar cutar. Lemon tsami yana rage mata sauri kaɗai.

Abin da ya shafi ƙungiya

Tsabtar kwaɗo daga lambu take farawa. Tun da aka buɗe masaƙar farko a Kakuri a shekara ta 1957, kudancin kogin Kaduna ya zama wurin masana'antu da cunkoson jama'a. Masaƙu da dama sun rufe, amma magudanan Kakuri da Makera har yanzu suna kai ƙazamin ruwan gidaje da na wuraren aiki zuwa kogi. Ƙungiyar da take so ta yi suna da kayan da ake ci ɗanye, sai ta lura da inda take jan ruwa. A guji bakin magudana. Inda ya yiwu a haƙa rijiya ko a buga bututu a fadama. A bi da ruwa ta ƙasan fangali, kada a watsa shi a kan ganye da 'ya'ya. Takin kaji ko na shanu ya ruɓe sarai kafin a zuba, a kuma zuba shi tun kafin shuka. Kowane maganin feshi yana da kwanakin da aka rubuta a jikinsa da za a jira kafin a tsinka. A karanta, a kiyaye. Kada kuma a ɗauraye kayan a rafi a kan hanyar kasuwa domin su yi sheƙi.

Sai batun shuka bisa ga kalanda. Karas yakan ɗauki kamar wata 3, tumatir wata 2 da rabi zuwa 3 bayan dashe, kokwamba da koren wake kamar wata 2. Wanda yake so ya sami kasuwar Kirsimeti da sabuwar shekara, ya shuka karas a ƙarshen Satumba, kokwamba kuwa a ƙarshen Oktoba. In 'yan ƙungiya suka raba, wannan ya yi karas, wancan tattasai, wata ta yi kokwamba da ɗoɗɗoya, wata ta yi awara, sai a iya haɗa wa mai taro kayansa duka a kwando ɗaya gwargwadon yawan baƙinsa. Wanda ya zo neman kayan mutum 50 ba ya taya kaya kamar dillali. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Tumatir ɗin da ya yi yawa a watan Fabrairu, a mayar da shi kauɗa. Amma a daina shanya shi a ƙasa ko a bakin titi inda ƙura da awaki suke bi. A yanka, a barbaɗa ɗan gishiri, a baza a tabarma a kan rumfa, a rufe da gidan sauro mai tsabta. Kauɗar da ba ta da yashi, ja ce wur, tana da masu saye har damina.

Muna ba kowace ƙungiya shawara ta gwada wannan abinci a zamanta na gaba. A fara da leda ɗaya. A sa mutum biyu su kula da wanki, ɗaya ya kula da agogo. A rubuta abin da aka kashe a kanti da abin da ya fito daga lambu, a kwatanta da kuɗin salak na taron da ya wuce. Sai an gwada akan san na ƙwarai. Ƙungiyar da ta gwada ta rubuto mana yadda ta kaya, da irin kayan lambun da ta ƙara ko ta rage, domin sauran su ƙaru.